Shekara Biyar Da Suka Ɓace: Yadda Lokaci Ke Tsinkewa A Duniyar Finafinan Marvel

Duk wanda ya taɓa leƙa gidan kallo a Garwa, Njamena ko Kumasi ya san yadda matasa ke son finafinan Marvel. Yawanci faɗa da fashe-fashe ake zuwa kallo. Amma a ƙarƙashin hayaniyar akwai tambayar da ta cancanci a tsaya a kanta: me zai faru idan lokaci ya tsaya wa wasu mutane, ya ci gaba da tafiya da sauran?

A fim ɗin Avengers: Infinity War na 2018, mugun nan Thanos ya tara duwatsu shida masu iko, ya ƙyasta yatsu, rabin masu rai suka zama ƙura. A Avengers: Endgame na 2019 aka dawo da su, amma sai bayan shekara biyar. Waɗanda suka ɓace sun dawo daidai inda suka tsaya, da shekarun da suka tafi da su. A wurinsu ƙiftawar ido ce kawai. Waɗanda suka rage kuwa sun yi makoki, sun raba gado, wasu sun sake aure.

Akwai giɓi iri na biyu a cikin labarin. Scott Lang, wanda ake kira Ant-Man, bai ɓace ba, maƙalewa ya yi a wata duniya ta ƙananan abubuwan da ido ba ya gani. Da ya fito, a lissafinsa awa biyar ya yi, a waje kuwa shekara biyar ta wuce. Ya bar 'yarsa Cassie ƙaramar yarinya, ya tarar da budurwa. Shi lokacinsa bai tsaya ba, tafiyar hawainiya ya yi.

Wannan iri na biyu yana da tushe a kimiyya, ko da yake fim ɗin ya ƙara gishiri sosai. Albert Einstein ya nuna a 1915 cewa agogo yana rage gudu a inda ƙarfin da ke jan abubuwa ƙasa ya fi yawa. Saboda haka, tare da saurin tafiyarsu, agogunan taurarin ɗan Adam na GPS suna wuce namu da kusan kashi 38 cikin miliyan na sakan ɗaya a kowace rana, kuma dole a gyara wannan bambanci, in ba haka ba taswirar wayarka ta ɓatar da kai. Fim ɗin Interstellar na 2014 ya gina labarinsa a kan wannan: a wata duniya kusa da baƙin ramin sararin samaniya, awa ɗaya daidai take da shekara bakwai a doron ƙasa. Ɓacewar rabin jama'a da ƙyasta yatsu kuwa ƙagen marubuta ne tsantsa.

Inda labarin ya fi nauyi shi ne bayan dawowar. A Spider-Man: Far From Home, ɗaliban da suka dawo sun tarar da ƙannensu sun girme su, makaranta kuma ta sa suka sake shekarar karatu daga farko. May, wadda ta riƙe Peter Parker, ta bayyana a cikin gidanta ta iske wasu iyali a ciki. A shirin WandaVision, Monica Rambeau ta farka a asibitin da take jinyar mahaifiyarta, aka shaida mata ta rasu shekara uku da suka wuce.

Shirin The Falcon and the Winter Soldier na 2021 ya kai maganar kan iyakokin ƙasashe. Da jama'a suka ragu, ƙasashe suka buɗe ƙofa ga baƙi domin su yi aiki. Da masu gida suka dawo, sai aka kwashe baƙin zuwa sansanoni, aka kafa hukumar da za ta mayar da su inda suka fito. To wa ya fi gaskiya, wanda ya ɓace ba da laifinsa ba, ko wanda ya raya gidan shekara biyar? Shirin bai ba da amsa mai sauƙi ba.

Bahaushe ba baƙo ba ne ga wannan tunani. Mun tashi da ƙissar Ashabul Kahfi, waɗanda suka yi barcin shekara 309, suka farka suna zaton yini ɗaya ne ko wani yanki nasa. Malaman fiƙihu ma sun tanadi babi guda kan mutumin da ya ɓace: a mazhabar Malikiyya, matarsa kan kai ƙara ga alƙali, ta jira shekara huɗu, sannan ta yi takaba. Da a garinmu abin Thanos ya faru, da wa'adin ya cika kafin mazajen su dawo, alƙalai su sha shari'a.

Mu da ke zaune a ƙetare mun ɗanɗana ƙaramin irinsa. Kakannin da suka kama hanyar Makka a ƙafa suka yada zango a Sudan, da fataken da suka bi goro zuwa Gwanja, da yawansu sun riƙe hoton garinsu kamar yadda suka bar shi. Wanda ya koma bayan shekara ashirin yakan tarar an gina shaguna a filin da ya yi wasa, yara na tambayar ko wane ne wannan baƙon. Shi yana ganin jiya ya tafi, su kuwa sun daɗe da raba ɗakinsa. Kafin ya zargi kowa, yana da kyau ya zauna a ba shi labarin shekarun da bai gani ba, su ma su saurari nasa.