Zaɓen Cike Gurbi na Ikko na 1941 da Rabuwar Kan 'Yan Kishin Ƙasa

A cikin tarihin siyasar Nijeriya akwai wani zaɓe wanda, in aka dubi ƙanƙantarsa, bai isa a tsaya a kansa ba, amma in aka dubi abin da ya haifar, ya cancanci ɗalibi da ma'aikacin gwamnati su san shi sosai. Wannan kuwa shi ne zaɓen cike gurbi da aka yi a birnin Ikko cikin watan Maris na 1941, domin kujera guda ɗaya tak ta Majalisar Dokoki ta zamanin Turawa.

Kafin a fahimci rikicin, wajibi ne a san ko wace irin majalisa ce wannan. An kafa ta ne a ƙarƙashin tsarin mulkin 1922, zamanin Gwamna Clifford. Tana da wakilai 46, amma 4 kaɗai jama'a ke zaɓa, watau 3 daga Ikko, 1 daga Kalaba. Sauran duka ko dai manyan ma'aikatan gwamnati ne, ko kuwa waɗanda Gwamna ya naɗa, kuma ma'aikatan su ne ke da rinjaye. Ba kowa ke da ikon jefa ƙuri'a ba, sai namiji baligi wanda abin da yake samu a shekara ya kai fam 100. Lardunan Arewa kuwa ba su da zaɓaɓɓen wakili ko ɗaya, domin Gwamna ne da kansa ke yi musu doka. Saboda haka wanda ya ci kujera ba ya iya hana wata doka wucewa. Iyakar abin da yake da shi shi ne bakin magana, da yi wa gwamnati tambayoyi, da martabar cewa jama'a ce ta aiko shi.

Tun daga 1923 jam'iyyar NNDP ta Herbert Macaulay ce ke cinye kujerun Ikko, ta kuma maimaita haka a 1928 da 1933. A 1934 sai waɗansu samari masu ilmin zamani, cikinsu har da Ernest Ikoli da Samuel Akinsanya da H. O. Davies da Dokta J. C. Vaughan, suka kafa Ƙungiyar Samarin Ikko, wadda a 1936 ta sake suna ta zama Ƙungiyar Samarin Nijeriya, watau NYM. Manufarta ita ce ta haɗa kan kabilun ƙasar duka, ba mutanen Ikko kaɗai ba. Da Nnamdi Azikiwe ya komo gida a 1937 ya kafa jaridarsa West African Pilot, sai ya shiga ƙungiyar, Ibo da yawa suka bi shi. A zaɓen 1938 NYM ta kwashe kujerun Ikko guda ukun duka.

Ɗaya daga cikin waɗanda suka ci, Dokta Kofo Abayomi, ya sauka daga kujerarsa domin ya tafi Ingila ƙaro ilmin likitancin ido. Nan gurbi ya samu, nan kuma gardama ta tashi a kan wanda ƙungiya za ta tsayar. Manyan masu nema biyu ne. Na farko Ikoli, ɗan kabilar Ijo, tsohon ɗan jarida, wanda shi ne edita na farko na Daily Times, kuma a lokacin shi ne shugaban ƙungiyar. Na biyu Akinsanya, Bayarabe daga ƙasar Ijebu, wanda shi ma da shi aka aza harsashin ƙungiyar. Da aka kira babban taro, rinjayen 'yan ƙungiya ya faɗa wa Akinsanya. Amma kwamitin zartarwa ya tsayar da Ikoli, bisa hujjar cewa al'adar ƙungiya ita ce in shugaba ya nemi takara, shi ake ba hanya. Kowane ɓangare yana da abin da ya dogara a kai: waɗannan sun riƙe ƙuri'ar taro, waɗancan sun riƙe al'ada, ba kuwa wata hukuma a cikin ƙungiyar da duka biyun suka yarda ta raba gardama.

Akinsanya ya ƙi janyewa, ya tsaya da ƙafarsa, Azikiwe kuma ya mara masa baya da jaridarsa. Hujjar da suka yaɗa ita ce manyan Yarbawan Ikko ne suka ƙi shi don shi mutumin Ijebu ne. Ikoli kuwa yana da jaridar ƙungiya, Daily Service, wadda dama kishiyar Pilot ce a kasuwa. Jaridun biyu suka yi ta jifan juna da baƙaƙen maganganu har ranar zaɓe. Aka jefa ƙuri'a, Ikoli ya ci, ko da yake abin da kowannensu ya samu bai wuce 'yan ɗaruruwa ba.

Sau da yawa akan ce kabilanci ne tushen wannan rikici, amma in aka duba da kyau maganar ba ta tsaya daidai ba. Azikiwe Ibo ne, Bayarabe ya goyi baya. Obafemi Awolowo kuwa, wanda a lokacin yake sakataren reshen ƙungiyar na Ibadan, shi ma daga ƙasar Ijebu ya fito, amma ɗan Ijo ya goyi baya, ya bar ɗan'uwansa. Ashe ke nan farkon abin rashin ƙa'ida tsayayya ce ta fitar da ɗan takara, tare da kishin shugabanci da gasar jaridu. Kabilanci ya shigo ne daga baya, sa'ad da wanda aka kayar ya nemi dalilin da zai gaya wa jama'a. Hausawa sun ce sai bango ya tsage ƙadangare ke samun wurin shiga.

Sai dai fa da ya shiga bai fita ba. Azikiwe ya bar NYM, Ibo suka bi shi, mutanen Ijebu da yawa su ma suka fice, ƙungiyar ta koma kusan ta Yarbawa zalla. Akinsanya ya koma garinsu Ishara, aka naɗa shi sarki. A watan Agusta na 1944 aka kafa NCNC, Macaulay ne shugaba, Azikiwe babban sakatare. A 1945 Awolowo da abokansa suka kafa Egbe Omo Oduduwa a Landan, wadda daga cikinta jam'iyyar AG ta fito fili a 1951. Saboda haka lokacin da tsarin mulkin Richards ya kawo wakilan Arewa, irin su Malam Abubakar Tafawa Balewa, cikin Majalisar Dokoki a 1947, ba su tarar da ƙungiya guda mai haɗa kan Kudu ba. Sun tarar da sansani biyu masu zargin juna. Ba za a ce zaɓen 1941 ne kaɗai ya jawo siyasar jihohi uku ba, gama tun 1939 Gwamna Bourdillon ya raba Kudu gida biyu, Gabas da Yamma. Amma shi ne ya karya ƙungiyar da ta fi kowace damar tsallake waɗannan iyakoki.

Abin lura a nan shi ne, nauyin zaɓe ba a yawan ƙuri'u kaɗai yake ba, ba kuma a ikon kujerar ba. NYM ta ci kujera, ta rasa haɗin kanta. Duk ƙungiya ko hukumar da ba ta rubuta ƙa'idarta ta zaɓen shugabanni tun kafin ranar buƙata ba, ba ta kuma ajiye mai yanke hukunci da kowa ya amince da shi ba, to, ranar da manyanta biyu suka so abu ɗaya, wanda ya sha kaye zai nemi mafaka wurin danginsa.