Wasan tseren mota da ya fara da koyar da taka birki

A shagunan PlayStation da matasanmu ke taruwa, daga Suki har Sinja da Sinnar, ƙwallon ƙafa ce sarauniya, wannan kowa ya sani. Amma akwai wani tsohon wasan tseren mota da ya kamata iyaye da malamai su san labarinsa, domin abin da ya bari ya shafi yaranmu da ke riƙe da kan raksha da babur a yau. Sunansa Gran Turismo.

An fitar da shi a Japan ranar 23 ga Disamba, 1997, bayan Kazunori Yamauchi da abokan aikinsa sun shafe shekara biyar suna haɗa shi. Ya zo da motoci wajen 140 na kamfanoni irin su Toyota, Nissan, Honda da Mazda, kowacce da nauyinta da ƙarfin injinta da yadda take kama titi. An sayar da faifansa sama da miliyan 10, babu wasan da ya kai shi kasuwa a PlayStation ta farko.

Kafinsa, yawancin wasannin mota danna ka tafi ne kawai. Shi kuwa ɗan kuɗi kaɗan yake ba ka, wanda da ƙyar zai saya maka tsohuwar mota. Manyan gasanni kuma ba ka shigarsu sai ka ci jarrabawar lasisi, wato ruksa, mataki uku. Jarrabawar farko fa? Ka tayar da wata 'yar ƙaramar Mazda, ka yi tafiyar mita 1,000, ka tsaya cak a inda aka shata. Ka wuce layi, ka faɗi. Ka tsaya kafin ka kai, ka faɗi. Yaron da ya zo da ɗokin gudu sai ya tarar ana koya masa tsayawa.

Shin abin da aka koya a allo yana aiki a kan kwalta? A 2008 kamfanonin Nissan da Sony suka buɗe gasar GT Academy don su gwada. Lucas Ordóñez, ɗalibi ɗan Sifaniya, ya yi nasara, aka horar da shi, a 2011 ya zo na biyu a ajinsa a tseren awa 24 na Le Mans da ke Faransa. A shekarar ce Jann Mardenborough ɗan Birtaniya ya lashe gasar, shi ma a 2013 ya zo na uku a ajinsa a Le Mans. Labarinsa ne aka mayar fim a 2023. Dukkansu biyu sai da suka yi watanni ana horar da su da motar gaske kafin a sake su.

To, mu nan ba Le Mans muke nema ba. Yaƙin da ya ɓarke a Afrilun 2023 ya raba yara da yawa da aji, wasunsu suka koma neman na kansu da raksha, babur ko bin boksi. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce hatsarin hanya na kashe mutum kusan miliyan 1.19 a shekara, kuma shi ne kan gaba wajen kashe masu shekara 5 zuwa 29. Sa'annin 'ya'yanmu da ƙannenmu ke nan.

Lissafin da jarrabawar nan ke koyarwa a aikace shi ne wanda muke rubutawa a allon makaranta. Idan ka ninka gudu sau biyu, tazarar da birki ke buƙata ninki huɗu take yi. Motar da ke kilomita 40 a awa, a busasshiyar kwalta da taya mai kyau, tana tsayawa cikin kusan mita 9. A kilomita 80 sai ta ci kusan mita 35. Ƙara da mita 22 da take shafewa a daƙiƙa ɗayan da direba ke ɗauka kafin ƙafarsa ta kai birki. Idan hanyar ƙasa ce da damina, ga laka ga taya ta cinye, sai abin ya wuce haka nesa.

Sai dai wasan ya ɓoye abu guda. A Gran Turismo na farko, ko ka daki katanga mota ba ta lotsewa, ka sake danna maɓalli ka faro daga farko. Titi bai san wannan ba. A Maris na 2015 motar Mardenborough ta tashi sama a filin Nürburgring na Jamus, ta faɗa wajen 'yan kallo, mutum ɗaya ya rasu. Ƙwararre ne, a filin da aka gina don tsere. Ina ga yaro ɗan shekara 15 a hanyar Sinnar zuwa Damazin, tsakanin manyan motoci, karon jaki da garken shanu?

Saboda haka idan ka ga ɗanka ya nace wa wasan mota, hana shi ba shi ne kaɗai mafita ba. Ka ƙayyade masa lokaci, ka zauna kusa da shi, ka tambaye shi me ya sa ya taka birki kafin kwana ba a cikinta ba. Malamin lissafi ma yana da misali a shirye. Shi kuma mai raksha, kafin ya miƙa wa yaro makulli, ya yi abin da wasan ya yi tun 1997: ya kai shi fili, ya ja layi a ƙasa, ya ce tsaya nan mu gani.