Karin Kumallon Hawai A Tukunyar Kuyello

A Kuyello, kamar sauran garuruwan ƙasar Birnin Gwari, manomi kan karya kumallo da koko da ƙosai, ko kuwa ɗumamen tuwo, kafin ya saɓa fartanya. Samari kuwa sun fi karkata ga teburin mai shayi, inda burodi da taliya da ƙwai ke lashe kuɗi, alhali alkamar da ake yin burodin da taliyar, galibinta daga ƙasashen waje ake sayo ta. Gwaza kuma, wadda ba ta buƙatar jirgin ruwa kafin ta iso kasuwa, an bar ta a matsayin abin marmari da ake ci da ƙuli.

Ba kowa ya san cewa hannun Japan ya daɗe cikin tukunyar Bahaushe ba. Farin magi, watau Ajinomoto, wani masani mai suna Kikunae Ikeda ne ya gano sinadarinsa cikin 1908. Taliya mai saurin dafuwa kuwa Momofuku Ando ne ya ƙago ta cikin 1958, ko da yake ita Indomie asalinta daga Indunusiya ne.

Inda abincin Japan ya yi cuɗanya sosai da na wata al'umma shi ne tsibiran Hawai da ke tsakiyar tekun Fasifik. Mutanen wurin, waɗanda ke cikin dangin Folinesiya, gwaza ce tuwonsu. Sukan dafa ta su kirɓa, su kira ta poi. Daga 1885 sai Japanawa suka riƙa kwarara can don ƙwadago a gonakin rake, suka zo da shinkafa da miyar waken soya. Leburori kan baje guzurinsu a ci tare a bakin gona, da haka girkin ya gauraya. Amma fa a lura: wani sanannen karin kumallonsu, curin shinkafa da naman gwangwani na Spam, naman alade ne, don haka ba na Musulmi ba ne.

Uwargida mai son gwadawa sai ta fara da gwaza, bisa yadda mutanen tsibirin Samowa ke yi. A feraye ta, a yanka manya-manya, a dafa da gishiri har sai cokali ya shige ta ba gardama. Kada a yi garaje a nan, domin gwazar da ba ta nuna ba takan sa ƙaiƙayi a maƙogwaro. Wadda hannunta ke ƙaiƙayi wajen feraya ta shafa ɗan mai tukuna. Sa'an nan a goge kwakwa ɗaya, a zuba mata kofin ruwan ɗumi, a matse a tace da ƙyalle mai tsabta. A tsiyaye ruwan gwazar, a juye madarar kwakwa tare da yankakkiyar albasa, a rage wuta na minti biyar. Wuta mai ƙarfi takan tsinka madarar.

Ɓangaren Japan shi ne romo da ƙwai. Romon safiya na Japanawa da miso ake yin sa, watau waken soya da aka bari ya ruɓa da gishiri, wanda ɗan'uwan daddawa ne na kusa, sai dai daddawa ta fi shi ƙarfi, saboda haka kaɗan ta isa. A tafasa busasshen kifi cikin ruwa kofi uku, a saka daddawa, a watsa alayyafo daf da saukewa. Ƙwai biyu kuma a kaɗa su da gishiri da ɗan sukari, a zuba kashi ɗaya cikin uku a kasko mai ɗan mai, da ya fara kamawa a naɗe shi kamar tabarma, a ƙara zubawa a sake naɗewa har ya ƙare, a yanka.

Kwakwa daga Kudu take zuwa, kuma ba kullum ake dacewa da ita a kasuwar ƙauye ba. Ran da aka rasa, sai a markaɗa ɗanyar gyaɗa a tace kamar za a yi kunu, amma a ba ta minti goma a wuta don gafin ya fita.