Chokmorov, Mai Zanen da Ya Zama Jarumin Fim

Suimenkul Chokmorov, ɗan Kirgistan da aka haifa a 1939, ba wasan kwaikwayo ya karanta ba. Zane ya koyo a Leningrad. Darakta Bolot Shamshiev ne ya janyo shi harkar fim. A fim ɗin Jamila, wanda aka ɗauko daga labarin Chingiz Aitmatov, ya fito a matsayin Daniyar, sojan da ya dawo daga yaƙi da rauni, ga shi miskili. A ganina nan gwanintarsa take: da kallo ɗaya yakan isar da abin da wani zai cika shafi yana faɗa. Kurosawa ma ya sa shi cikin Dersu Uzala a 1975. Da ciwon ƙoda ya ci ƙarfinsa, sai ya koma kan zanensa, har ya rasu a Bishkek a 1992.