Ascension: Filin jirgin yaƙin 1942 da ke saita GPS ɗin wayarka

Duk wanda ya taɓa tura wa mai kawo saƙo lokeshan ta WhatsApp, ko ya buɗe Google Maps yana neman wani layi a Sabon Gari, ya san ɗigon nan shuɗi da ke nuna inda yake tsaye. Galibi ana ɗauka aikin tauraron ɗan'adam ne kaɗai. Tabbas daga sama siginar ke saukowa, amma taurarin su kansu sai an riƙa gyara musu lissafi daga ƙasa. Wurare huɗu ne Amurka ta kafa wa manyan eriyoyi na musamman don wannan aiki, kuma ɗaya daga cikinsu wani ɗan tsibiri ne mai suna Ascension, a tsakiyar kudancin tekun Atlantika.

Faɗin tsibirin bai wuce murabba'in kilomita 88 ba. Yawancinsa baƙin dutse ne da toka, ragowar aman wuta na tun fil'azal. Yana da nisan kusan kilomita 1,600 daga gaɓar Afirka, da kusan 2,300 daga Brazil. Birtaniya ce ke mulkinsa tun 1815, lokacin da ta girke sojoji a can don kada Faransawa su yi amfani da shi wajen kuɓutar da Napoleon daga tsibirin St Helena. Ba shi da man fetur, ba shi da zinare, ko kogi ɗaya babu. Arzikinsa guda ne: wurin da Allah ya ajiye shi, a tsakanin nahiyoyi biyu. Abin da ya mayar da wannan wuri kadara kuwa shi ne titin jirgin sama da sojojin Amurka suka fasa cikin dutse a 1942.

Zangon da ke kafin Kano

A farkon 1942 Amurka tana ƙera jiragen yaƙi da dubbai, amma kai su fagen daga ya zama aiki. Ana buƙatarsu a Masar, da Indiya, da Tarayyar Sobiyet. Hanyar da ta fi aminci ita ce a gangaro kudu zuwa garin Natal na Brazil, a tsallaka teku zuwa Afirka ta Yamma, sannan a ratsa nahiyar. Matsalar ita ce jirage masu inji biyu da yawa ba su iya tsallake tekun a tashi ɗaya sai an ɗora musu ƙarin tankunan mai. Ga shi kuma Dakar, wadda ta fi kusa da Brazil, tana hannun gwamnatin Faransa ta Vichy mai ɗasawa da Jamus.

A ƙarshen watan Maris na 1942 injiniyoyin sojan Amurka suka sauka a Ascension. Cikin wata uku suka fasa dutse da nakiya, suka shimfiɗa titi mai tsawon kimanin mita 1,800, wanda ke da ɗan tudu a tsakiyarsa saboda yanayin ƙasar. Zuwa watan Yuli jirage sun fara sauka. Kafin yaƙin ya ƙare, fiye da jirage 25,000 sun ya da zango a wurin.

Daga Ascension sai Accra. Daga Accra jirage da dama kan bi ta Kano da Maiduguri, su shiga Sudan ta El Fasher zuwa Khartoum, kafin wasu su nufi Alƙahira wasu kuma gabas. Ke nan jirgin da ya kwana a wannan tsibiri, ba wuya bayan kwana biyu a ji rugugin injinsa a samaniyar Kano.

A wancan zamani babu GPS, babu taswirar da ke motsi a allo. Matuƙi da mai duba masa hanya suna dogaro ne da kamfas, da agogo, da lissafin gudu da iska, da matsayin rana ko taurari, sai kuma siginar rediyo idan sun matso kusa. Kuskuren digiri kaɗan ya isa mutum ya wuce tsibirin bai gan shi ba, man ya ƙare a kan ruwa. Har barkwanci matuƙan suka riƙa yi cewa duk wanda ya kuskure Ascension, matarsa ta fara shirin karɓar fansho.

Sunan filin, Wideawake, daga wani tsuntsun teku aka samo shi, mai baƙin baya da farin ciki, wanda Turawa suka ji kukansa ya yi kama da kalmarsu mai nufin "ido biyu". Dubban ɗaruruwansu ke yin ƙwai a fakon da ke ƙarshen titin, kuma da zarar inji ya yi ƙara sai su tashi gaba ɗaya a gaban jirgi. An gwada hayaƙi, an gwada nakiya, tsuntsaye suka ce ba inda za su. Sai da aka ɗauko masanin tsuntsaye James Chapin daga New York, ya ba da shawarar a farfasa ƙwayayen, don idan suka rasa abin kwanci za su ƙaura. Hakan aka yi, suka matsa gefe. Abinci ma sai da aka yi masa dabara: kafin ƙarshen yaƙin sojojin na noman tumatir da latas da kokwamba ba tare da ƙasa ba, cikin tsakuwar dutse da ruwa mai sinadarai, irin noman da yau ake tallata shi a YouTube kamar sabon abu.

Ranar da aka jefa bam kan masu ceto

Ba jigila kaɗai filin ya yi ba. Daga nan jirage ke tashi farautar jiragen yaƙin Jamus na ƙarƙashin ruwa, kuma daga nan ne aka yi wani aiki da har yau masana tarihi ke muhawara a kansa.

A ranar 12 ga Satumba 1942, jirgin ƙarƙashin ruwa na Jamus U-156 ya nutsar da wani babban jirgin ruwan Birtaniya mai suna Laconia, a ruwan da ke tsakanin tsibirin da gaɓar Afirka ta Yamma. Cikin mutanen da ke ciki har da fursunonin yaƙi 'yan Italiya kusan 1,800, da mata da yara. Da kwamandan jirgin, Werner Hartenstein, ya fahimci waɗanda ya harba, sai ya fito saman ruwa ya fara kwashe mutane, ya kuma aika saƙon rediyo da Ingilishi cewa ba zai taɓa duk jirgin da ya zo ceto ba. Bayan kwana huɗu wani jirgin Amurka samfurin B-24 da ya taso daga Ascension ya hango shi yana jan kwale-kwalen waɗanda suka tsira, da tutar Red Cross a shimfiɗe. Matuƙin ya nemi umarni daga tsibirin, aka ce ya kai hari. Ya koma ya saki bama-bamai.

Fiye da mutum 1,600 suka mutu a lamarin Laconia baki ɗaya. Shugaban rundunar jiragen ƙarƙashin ruwa na Jamus, Karl Dönitz, ya fitar da umarnin haramta wa mutanensa sake ceton kowa a teku.

Daga jiragen yaƙi zuwa rokoki da rediyo

A 1947 Amurkawa suka tattara nasu ya nasu suka tafi, filin ya zama kufai. Shekara tara kacal suka yi suka dawo. Wannan karon makamai masu linzami suke gwadawa daga Cape Canaveral a jihar Florida, suna harba su kudu maso gabas kan teku, kuma suna buƙatar wanda zai zauna a ɗaya ƙarshen da na'urar rada yana bin sawunsu. Ascension na kan layin daidai. A tsakiyar shekarun 1960 aka tsawaita titin ya kai kusan kilomita uku. Hukumar NASA ta gina tashar bin sawun kumbo wadda ta yi aiki a shirin Apollo na zuwa duniyar wata, har zuwa 1990 da aka rufe ta. Daga baya hukumar sararin samaniya ta Turai ta kafa tata, don bin rokokin Ariane da ke tashi daga Kourou.

A 1966 BBC ta buɗe tashar ƙara wa shirye-shiryenta ƙarfi a arewacin tsibirin, mai watsawa zuwa Afirka a kan gajeren zango. Dattijon da ya shekara yana murɗa akwatin rediyonsa da asuba don kamo Sashen Hausa, sau da yawa muryar da yake ji daga Landan ta taso, amma dogayen turakun ƙarfen Ascension ne suka cillo masa ita.

1982: jirgi ɗaya, tankokin mai goma sha ɗaya

Da Ajantina ta mamaye tsibiran Falkland a ranar 2 ga Afrilu 1982, Birtaniya ba ta da wani filin jirgi nata da ya fi Wideawake kusa da wurin, duk da cewa tazarar ta haura kilomita 6,000. Cikin 'yan kwanaki filin da jirage ƙalilan ke sauka a mako ya cika maƙil.

A daren 30 ga Afrilu aka ƙaddamar da harin farko da aka yi wa laƙabi da Black Buck. Don jirgin Vulcan guda ɗaya tak ya isa Port Stanley, sai da jiragen dakon mai samfurin Victor guda 11 suka tashi, suna shayar da shi, suna kuma shayar da junansu a sama, kowanne na juyawa gida idan ya sauke nasa. Vulcan ɗin ya yi tafiyar fiye da kilomita 12,000 zuwa da dawowa cikin kusan awa 16, ya saki bam 21. Guda ɗaya ne ya faɗa kan titin jirgin da aka nufa. Ko wannan ya cancanci man da aka ƙona, har yau ana jayayya, amma a lokacin babu harin bam ta sama da ya taɓa kai shi nisa a tarihi.

Abin lura ga mai sha'awar na'urori shi ne ko a 1982 ma neman hanya a kan wannan teku bai zama wasa ba. GPS na matakin gwaji, taurari kaɗan ne a sama. Sai da aka ciro wata na'urar lissafin hanya mai suna Carousel daga tsofaffin jiragen fasinja aka ɗaura wa Vulcan cikin gaggawa.

Yadda tsibirin ke shiga cikin wayar

Taurarin GPS kusan 30 ne ke aiki, a nisan kimanin kilomita 20,200 daga ƙasa, kowanne na kewaya duniya sau biyu a yini. Kowanne na ɗauke da agogon atom, kuma abu biyu yake ta nanatawa: ga inda nake, ga lokacin da na aiko wannan saƙo. Waya ba ta aika musu komai, saurare kawai take yi. Idan ta ji aƙalla huɗu, sai ta auna jinkirin da kowane saƙo ya yi kafin ya iso, ta fitar da inda take.

Wurin da gizo ke saƙa shi ne saƙon yana tafiya da gudun haske. Idan agogon tauraro ya kauce da kashi ɗaya cikin miliyan na daƙiƙa, ɗigon da ke kan taswira zai kauce da kusan mita 300. Taurarin kuma ba sa tsayawa cak kan hanyarsu: jan wata da rana, har da matsin hasken rana, na ɗan gusar da su. Don haka akwai tashoshi a ƙasa da aka san matsayinsu daidai, masu sauraron taurarin dare da rana suna tura abin da suka auna zuwa babbar cibiya a jihar Colorado. Can ake lissafa gyaran, a mayar wa taurarin ta manyan eriyoyi. Ascension na yin aikin biyu: tana saurare, tana kuma aikawa.

Sauran wurare ukun da ke da irin wannan eriya su ne Cape Canaveral, da Kwajalein a tekun Fasifik, da Diego Garcia a tekun Indiya. Duka sansanonin soja ne. GPS kyauta ne ga kowa, amma mallakar sojan Amurka ne, kuma har zuwa watan Mayun 2000 da gangan ake rage wa farar hula ingancin siginar. Wannan na daga cikin dalilan da suka sa Rasha ke da GLONASS, Turai ke da Galileo, Sin ke da BeiDou, kuma yawancin wayoyin yanzu na haɗa su su saurara lokaci guda.

Kunnuwan tsibirin ba sama kaɗai suke kallo ba. A ƙarƙashin ruwan da ke kewaye da shi akwai makirufo na hukumar da ke sa ido kan gwajin makaman nukiliya a duniya. A watan Nuwamban 2017, da jirgin ƙarƙashin ruwa na Ajantina ARA San Juan ya ɓace da mutum 44, wannan tasha na cikin biyun da suka naɗi ƙarar da ta nuna yankin da abin ya faru, daga nisan dubban kilomita. Tsibirin da aka tashi daga cikinsa aka yaƙi Ajantina, shi ya taimaka mata gano inda sojojinta suka kwanta.

Wurin aiki, ba gida ba

Kusan mutum 800 ke zaune a Ascension, yawancinsu 'yan St Helena. Babu ko ɗayansu da ke da 'yancin zama na dindindin. Sai mai kwantiragin aiki da iyalinsa. Ko a can aka haifi mutum, idan ya girma bai samu aiki ba, ko ya yi ritaya, sai ya haɗa kayansa. Tsibirin na da nasa adireshin intanet mai ƙarewa da .ac, amma shekara da shekaru mazauna wurin da ke taimaka wa duniya da sigina ta tauraron ɗan'adam suke samun intanet, mai tsada da nawa.

A watan Afrilun 2017 titin ya lalace har aka hana manyan jiragen Voyager na sojan Birtaniya sauka. Su ne ke tsayawa shan mai a kan hanyarsu daga Ingila zuwa Falkland, kuma su ne motar haya ta mutanen tsibirin. Aka karkatar da su ta Cape Verde. Mazauna Ascension suka koma dogaro da jirgin fasinja da ke zuwa sau ɗaya a wata ta St Helena. Amurka da Birtaniya suka haɗa kuɗi aka sake shimfiɗa titin, rabi bayan rabi don kada filin ya rufe gaba ɗaya, kuma sai a 2023 manyan jiragen suka dawo sauka.