Albasa Mai Fure Da Hunturu: Manomi Zai Iya Fitar Da Irinsa A Gida

Noman albasa tsohuwar sana'a ce a ƙasar Yauri. Tun kafin a gama madatsar ruwa ta Kainji a shekarar 1968, Gungawa suna noma ta a tsibirai da gaɓar Kogin Kwara. Da tafki ya cinye garuruwa, an sake wa mutane fiye da 40,000 matsuguni, amma ba su bar albasa ba. Har yau a Ngaski da Yauri da Shanga, albasa tana cikin manyan amfanin gonar da ke kawo wa manomin rani kuɗi.

Sai dai akwai abin da ke karya manoma da yawa, wato iri. Mutum zai sayi iri da tsada a kasuwa. Ya gyara fangali, ya yafa, ya yi ta ban ruwa. Bayan mako biyu sai ya ga tsiro jefi-jefi. Wani kuma irin zai fito, amma albasar ta zo gauraye, wata ja, wata fara, wata duk ganye. Kuɗi sun tafi, lokaci ya wuce. Maganin wannan yana hannun manomi. Zai iya fitar da irinsa da kansa.

Halin Albasa

Asalin albasa daga busassun ƙasashen tsakiyar Asiya ne, wajen Iran da maƙwabtanta. Mutanen Masar sun noma ta tun fiye da shekara 4,000 da suka wuce. Shuka ce da ta saba da fari. Tana tara abinci da ruwa a cikin kanta, ta kwanta har wahala ta wuce.

Rayuwarta zango biyu ce. A zango na farko, iri yana tsirowa ya yi lawashi, ya yi kai. Wannan kan shi ne ake ci, ake kaiwa kasuwa. A zango na biyu, idan aka mayar da kan cikin ƙasa, zai fitar da dogon kara, ya yi fure, ya ba da iri. Amma sai ya ji sanyi yake yin furen. Don haka a ƙasar Hausa hunturu ne lokacin fitar da irin albasa.

Yadda Ake Gane Uwar Iri

Aikin yana farawa tun ranar cirar albasa. Kafin a cika buhu, sai manomi ya ware wadda zai ajiye. Hausawa sun ce barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe. Halin uwa shi ne halin iri. Ga alamun uwa tagari:

1. Kai ɗaya ne dunƙule, ba tagwaye ba.
2. Wuyanta siriri ne, kuma ya bushe sarai.
3. Tana da tauri idan an matsa ta.
4. Ɓawonta lafiyayye ne, ba rauni, ba baƙin tabo.
5. Launinta da siffarta ɗaya ne da na sauran.
6. Girmanta matsakaici ne. Ƙanana ba sa ba da iri mai yawa.

Manomi ya tsaya a kan albasa iri ɗaya. Idan 'yar Galmi yake so, wato ja mai duhu da ta samo suna daga garin Galmi na Jamhuriyar Nijar, to kada ya haɗa ta da fara.

Akwai kuskure babba da ya kamata a guje wa. Wata albasa takan yi kara da fure tun a zangon farko, kafin kanta ya girma. Wasu manoma sukan bar ta su tara irinta, don suna ganin sun huta da jira. Wannan hasara ce. 'Ya'yanta ma haka za su riƙa yi. Albasa mai kara a ciki ba ta da daraja a kasuwa, kuma ba ta ajiyuwa.

Ajiya Har Sanyi Ya Zo

A bar albasar da aka ware ta sha iska a inuwa har wuyanta ya ƙafe. Sannan a shimfiɗa ta a kan rudu, inda iska ke ratsawa ta ƙasa da sama. Kada a tara ta da yawa a kan juna. Kada ruwan damina ya taɓa ta. A riƙa dubawa duk mako, ana fitar da ruɓaɓɓiya. Wadda ta kai watan Oktoba lafiya ta nuna tana jure ajiya. Wannan ma hali ne da iri zai gada.

Zaɓen Fili Da Dasawa

Lokacin dasawa shi ne ƙarshen Oktoba zuwa Nuwamba. Idan aka makara, zafi zai riski furen, iri ya yi ƙaranci.

Manoman bakin tafki su lura da wani abu. Ruwan Kainji ba ya janyewa da zarar damina ta wuce. Ruwan da ya taso daga ƙasar Gini yakan daɗe a fadamun ƙasar Mali, sai cikin hunturu yake isowa. Don haka a nemi wuri mai ɗan tudu, sama da inda ruwa ya saba kaiwa. Albasa ba ta son kwanciyar ruwa. A kuma guji filin da albasa ta yi ciwo a bara.

A kafce ƙasa, a zuba ruɓaɓɓen taki. Ɗanyen taki yana kawo ruɓa. A bar tazarar santimita 30 tsakanin kai da kai, wato kamar tafin ƙafar babban mutum. A dasa wuya yana kallon sama, a rufe da ƙasa kaɗan. Wasu manoma sukan yanke saman kan kafin dasawa don ya yi saurin tsiro. Mai yin haka ya yi da wuƙa mai tsabta, ya bar wurin yankan ya bushe.

A riƙa ban ruwa daidai wa daida, ana cire ciyawa. Duk shukar da ta yi rawaya ko ta ƙanƙance, a tumɓuke ta tun kafin ta yi fure.

Lokacin Fure

Wajen Janairu zuwa Fabrairu kara zai fito. Kai ɗaya yakan fitar da kara da dama. Tsawonsa yakan kai mita 1. A samansa akwai dunƙule mai ƙananan furanni farare masu yawa. A tara ƙasa a gindi don kada iskar hunturu ta kayar da shi.

Ƙudan zuma da ƙudaje su ne ke ɗaukar garin fure daga wannan zuwa wancan. In ba su, iri ba zai yi kirki ba. Saboda haka kada a fesa maganin ƙwari da rana lokacin da fure ya buɗe. Idan ƙananan ƙwarin nan masu sa ganye ya yi fari-fari sun yi yawa, a nemi shawarar malamin gona. Ƙudan zuma suna tafiya nesa. In maƙwabci yana fitar da irin farar albasa kusa da mai ja, irin zai gauraya. Ya kyautu manoman unguwa ɗaya su shirya su fitar da iri ɗaya.

Girbi Da Adana Iri

Wajen Maris 'ya'yan za su fara tsagewa, baƙin iri ya bayyana. A lokacin ake yanke dunƙulen da ɗan guntun kara. Ba duka ke nuna rana ɗaya ba, sai a bi su sau biyu ko uku. In aka yi jinkiri, iri zai zube a ƙasa.

A shanya a kan tabarma inda iska ke kaɗawa. Idan ya bushe, a murje da hannu, a sheƙe. A zuba irin cikin gwangwani ko kwalba mai murfi, a ajiye a wuri mai sanyi, nesa da murhu da laima. A rubuta sunan albasar da shekara a jiki.

Irin albasa ba ya daɗewa. Bayan shekara ɗaya ƙarfinsa yakan ragu ƙwarai. Kafin a yafa, a gwada shi. A ƙirga ƙwaya 100, a naɗe cikin jiƙaƙƙen tsumma, kada a bari ya bushe. Bayan kwana 12 a ƙirga waɗanda suka tsiro. In sun kai 70, irin yana da kyau. Ko irin kasuwa ne, a gwada shi haka kafin a sayi mai yawa.

Gargaɗi Kan Albasar Daji

A daji akwai tsirrai masu kai kamar albasa. Albasar kura takan fitar da dogon karan fure da rani, tun kafin ganyenta ya fito. Albasar kwaɗi tana fitowa a fadama, furenta babba ne. Dukansu suna da dafi ga mutum da dabba. Gane su ba wuya. Ganyen albasar ci yana da rami a ciki kamar bututu, kuma yana ƙanshin albasa. Na daji ganyensu shimfiɗaɗɗe ne, ba su da wannan ƙanshi. A ja wa yara masu kiwo kunne.

Fangali biyu ko uku a gefen lambu sun isa a fara. Manomin da ya ware uwar iri bana, baɗi zai yafa abin da ya san asalinsa.