Fayilolin DLL: Dalilin da ke sa manhaja ta ƙi buɗewa a kwamfutar ofis, da hanyar gyara ba tare da jawo ɓarna ba

Akwai wani saƙo da kan bayyana a fuskar kwamfuta mai aiki da Windows, sau da yawa a daidai lokacin da ake gaggawar fitar da takarda: manhaja ta ƙi buɗewa, wai ba a samu wani fayil mai suna MSVCP140.dll ko VCRUNTIME140.dll ba. Abin da yawancin ma'aikata da hadimai kan yi shi ne su garzaya intanet su sauko da fayil mai wannan suna daga shafin da ya fara fitowa. A wannan gaggawa haɗarin yake.

Fayil ɗin DLL ma'ajiya ce ta umarni waɗanda manhajoji da dama ke ara su yi aiki da su. Kamar sashen rajista ne a ma'aikata: maimakon kowane ofishi ya ajiye nasa kwafin kundi, kowa na aikawa wuri guda a ɗauko masa. Misali, akwatin da ke buɗewa idan za a adana takarda, manhajoji da yawa daga comdlg32.dll suke samun sa. Wannan tsari na rage cin wuri, kuma gyara ɗaya kan amfani kowa. Sai dai idan fayil ɗin ya ɓata ko ya lalace, duk manhajar da ta dogara da shi za ta tsaya. Linux da kwamfutocin Apple ma suna da irinsa, masu ƙarewa da .so da .dylib.

Matsalar ta daɗe. A shekarun 1990, sabuwar manhaja kan zo ta danne fayil ɗin da ta tarar da nata samfurin, sai tsohuwar manhaja ta daina aiki. Daga Windows XP na 2001, kamfanin Microsoft ya kawo jakar WinSxS, inda samfura daban-daban na fayil guda ke zama gefe da gefe. Hakan ya rage rikicin, amma bai kawar da shi ba.

A yau, babban dalili shi ne rashin ƙunshin Microsoft Visual C++ Redistributable, wanda manhajoji da yawa ke buƙata. Lambar da ke jikin sunan fayil tana nuna zamaninsa: 100 na 2010 ne, 110 na 2012, 120 na 2013, 140 kuwa na 2015 da waɗanda suka biyo bayansa. Ƙunshin 140 ba ya maye gurbin na 100 ko 120, don haka wanda ya goge tsofaffin da sunan share kwamfuta na iya kashe manhajar da ke lafiya. Haka wanda ya kwafo jakar manhaja a filashi daga kwamfutar abokin aiki, ya baro fayilolin da take ara a can.

Dalili na biyu shi ne cakuɗa samfurin bit 32 da na bit 64. Sunayen jakunkunan ma na ruɗarwa: a Windows mai bit 64, jakar System32 ce ke ɗauke da fayilolin bit 64, SysWOW64 kuma na bit 32. Idan aka saka fayil a jakar da ba tasa ba, galibi lambar kuskure 0xc000007b ce ke fitowa. Sauran dalilan sun haɗa da ɗaukewar wutar lantarki ana tsakiyar sabunta manhaja, da kuma manhajar riga-kafi da ta killace fayil bisa zargi.

Gyaran yana da tsari. Da farko a rubuta cikakken sunan fayil ɗin da lambar kuskuren. Sannan a kashe kwamfutar a sake kunnawa, a duba ko riga-kafi ta killace wani abu. Idan bai warware ba, a sake girka manhajar daga asalin tushenta, a kuma girka ƙunshin Visual C++ da ya dace daga shafin Microsoft kaɗai. Manhajar bit 32 na buƙatar samfurin x86 ko da Windows ɗin mai bit 64 ne. In kuwa fayil ɗin na Windows ne kansa, umarnin sfc /scannow na bincika fayilolin tsarin ya maye waɗanda suka lalace. Idan ya kasa, sai a gudanar da DISM /Online /Cleanup-Image /RestoreHealth, a maimaita na farkon. Waɗannan umarni na buƙatar izinin mai kula da na'ura, wanda a kwamfutar gwamnati aikin sashen fasahar sadarwa ne.

Dalilin hana saukowa daga shafukan da ba a sani ba shi ne, fayil ɗin DLL na aiki da duk ikon da manhajar da ta kira shi ke da shi. Ga mafi yawan fayiloli, Windows kan fara duba jakar manhajar kafin ta leƙa System32, saboda haka gurɓataccen fayil mai sunan na gaskiya, idan aka ajiye shi a nan, shi za a ɗauka. Cutar kwamfuta ta Stuxnet da aka gano a 2010, wadda ta lalata na'urorin tace yuraniyom a Iran, ta musanya wani fayil ɗin DLL na manhajar Siemens ne. A Disambar 2020 kuma aka bankaɗo yadda masu kutse suka gurɓata fayil ɗin DLL guda a manhajar Orion ta SolarWinds, suka shiga hukumomin gwamnatin Amurka har da ma'aikatun baitulmali da kasuwanci. Wancan fayil ta hanyar kamfanin kansa ya iso. To ina ga wanda aka tsinto a shafin da ba a san mai shi ba?

Kwamfutar ofis na ɗauke da bayanan albashi, na ma'aikata da wasiƙun sirri, kuma Dokar Kare Bayanai ta Najeriya ta 2023 ta ɗora wa hukumomi alhakin tsare bayanan mutane. Ga shi kuma Microsoft ya daina tallafa wa Windows 10 tun 14 ga Oktoban 2025, abin da ke nufin tsofaffin na'urori sun fi zama cikin kasada. Ma'aikacin da ya je wa jami'in fasaha da sunan fayil, lambar kuskure, samfurin Windows da abin da aka girka ko aka goge na ƙarshe, ya riga ya yi masa rabin aikin.